Christine Hakim, jarumar da ta yarda ta tsufa a gaban kyamara

A watan Janairun 2023 tashar HBO ta Amurka ta saki kashi na biyu na shirinta mai dogon zango, The Last of Us. Mintocin farko a Jakarta aka kafa labarin, kuma da harshen Indonesiya ake magana. Wata dattijuwa ce ke cin abincin rana a gidan abinci, sai ga jami'an tsaro sun tsaya mata a ka, suka tafi da ita. Farfesa ce, ta ƙarar da rayuwarta wajen binciken fumfuna da danginta. Aka kai ta ta duba gawar wata ma'aikaciyar kamfanin fulawa da ta haukace ta shiga cizon mutane har aka harbe ta. Da ta gama aka ba ta shayi, wani babban hafsan soja ya zauna yana roƙon ta samo magani ko riga-kafi. Ba ta ɗaga murya ba. Kofin shayin ne ya soma karkarwa a hannunta, ta lallaba ta ajiye shi. Ta shaida masa babu magani, babu riga-kafi, abin da ya rage shi ne a yi wa birnin ruwan bama-bamai da duk wanda ke ciki. Sannan ta roƙi a mai da ita gida wurin iyalinta.

Fitowar ba ta da tsawo, amma ta girgiza masu kallo a ƙasashe da yawa, aka shiga tambayar wace ce wannan baiwar Allah. Amsar da aka fi bayarwa ita ce: ai ita ce ta fito tare da Julia Roberts a Eat Pray Love. Wannan amsa tana ƙona mini rai. Christine Hakim ta shiga harkar fim a 1973. Lokacin da Amurkawa suka gan ta riƙe da wannan kofin shayi, shekararta 50 ke nan a gaban kyamara, kuma abin da ta yi wa Hollywood shi ne mafi ƙanƙanta a cikin ayyukanta. Wanda zai auna ta, ya auna ta da abin da ta yi a gida. Idan kuwa aka yi haka, za a ga abin da ya tsayar da ita duk waɗannan shekaru: tun tana da ƙuruciya ta daina dogaro da kyawunta, ta yarda a gan ta a tsufe, a rame, a wahale, kuma ta samu masana'antar da ta ci gaba da rubuta mata aikin da ya kai nauyinta.

An haife ta ranar 25 ga Disamban 1956 a Kuala Tungkal, wani gari a lardin Jambi da ke tsibirin Sumatra, ta taso a Yogyakarta. Musulma ce, duk da sunan da ke sa wasu zaton akasin haka. Fim bai cikin lissafinta. Zanen gine-gine ko nazarin halayyar ɗan Adam take sha'awar karantawa. Hotonta ne ya fito a wata mujalla, darakta Teguh Karya ya gani, ya neme ta. Tana da shekara 16 ya ɗora mata babbar rawa a Cinta Pertama, wato soyayyar farko, tare da Slamet Rahardjo. A bikin finafinan Indonesiya na 1974 yarinyar da ba ta taɓa wasa ba ta ɗauki kambun Citra na gwarzuwar jaruma, wanda shi ne mafi daraja a ƙasar.

Irin wannan nasara ta farat-ɗaya ta kashe jarumai da yawa, a Jakarta da ko'ina. Abin da ya cece ta shi ne hannun da ta faɗa. Teguh Karya mutumin wasan daɓe ne kafin ya zama mutumin fim. A 1968 ya kafa ƙungiyar Teater Populer, wadda ta fara wasanninta a otal ɗin Hotel Indonesia, kuma ya riƙe ta tamkar makaranta: ana karatu, ana atisaye, ana maimaita fitowa guda har sai ta zauna a jiki. Daga wannan gida Slamet Rahardjo ya fito, daga nan Nano Riantiarno da Tuti Indra Malaon suka fito. Christine ba ta shigo ta tarar da furodusa mai neman fuska kawai ba, malami ta tarar. A nan ta gane cewa wasan kwaikwayo sana'a ce da ake koya kamar kowace sana'a, kuma wanda ya daina koyo ya fara mutuwa a cikinta. Duk wanda ya ga hannunta na rawa da kofin shayi a 2023, tarbiyyar wancan gida yake kallo.

Shekaru goma sha biyar da suka biyo bayan Cinta Pertama nata ne. Badai Pasti Berlalu na 1977 ya mai da ita abar so ga matasan birane. Amma a dubi inda ta riƙa karkata. A Pengemis dan Tukang Becak na Wim Umboh ta shiga duniyar mabarata da masu tuƙa keken haya. A Di Balik Kelambu ta fito matar aure da ke zaune da mijinta a gidan mahaifinta, tana tsaka mai wuya tsakanin uba mai gori da miji mai jin an raina shi. A Kerikil-Kerikil Tajam na Sjuman Djaya ta bi sawun 'yan matan ƙauye da ke tafiya birni neman aiki su tarar da abin da ba su zata ba. Kowanne daga cikin ukun nan ya kawo mata Citra, haka ma Sesuatu yang Indah. Jarumar da kasuwa ke so ta yi ta fitowa budurwa a cikin mota da furanni, ita kuma tana ta gangarawa wurin talakawa da matan da aure ya gajiyar.

Sai 1988, shekarar Tjoet Nja' Dhien. A nan nake so mu ɗan zauna, domin wanda bai san wannan fim ba bai san Christine Hakim ba.

Aceh yanki ne a ƙarshen arewacin Sumatra, daular Musulunci mai tsohon tarihi, wadda mutanenta ke yi wa kirari da zauren Makka saboda nan alhazan tsibiran ke bi su hau jirgin ruwa. A 1873 Turawan Holan suka kawo mata yaƙi, suna zaton aikin 'yan watanni ne, yaƙin ya ci shekaru sama da 30. Cut Nyak Dhien, wato Tjoet Nja' Dhien ta fim ɗin, wadda aka haifa a 1848, 'yar gidan sarauta ce. An kashe mijinta na farko a fagen fama a 1878, ta auri Teuku Umar, mayaƙin da ya taɓa yi wa Holan mubaya'ar yaudara har suka ba shi makamai, ya juya ya yaƙe su da su. A watan Fabrairun 1899 aka yi masa kwanton ɓauna kusa da Meulaboh aka kashe shi. Matar ta karɓi ragamar sauran mayaƙan ta shige daji da su. Shekara shida tana yawo a tsaunuka, yunwa na cin mutanenta, sanyin ƙashi na cin gaɓoɓinta, idanunta na mutuwa. Daga ƙarshe wani na hannun damanta, Pang Laot, ya je ya nuna wa Turawa maɓoyarta, bisa sharaɗin za su kula da lafiyarta. Aka kama ta a 1905, aka kore ta zuwa Sumedang a yammacin Java, inda ta ƙarasa rayuwa tana koyar da Alƙur'ani, ta rasu a 1908. A 1964 gwamnati ta sa ta cikin gwarazan ƙasa.

Wannan mata Christine ta ɗauka tana da shekara 31, a ganiyar kyawunta da farin jininta. Darakta Eros Djarot, ƙanin Slamet Rahardjo, wannan ne fim ɗinsa na farko. Aikin ya ja shekaru, kuɗi na yankewa ana nemowa. Ta je Aceh ta zauna da mutanen, ta saba bakinta da harshensu. Abin da ke fitowa a allo kuwa ba jaruma ba ce da aka shafa wa toka a fuska don a ce ta tsufa. Mace ce da ke narkewa a gaban idonka. A farkon fim tana tsaye kyam a gefen mijinta, ana shawarar yaƙi da ita. A ƙarshensa ana ɗauke da ita, fuska ta zube, idanu na lalube, ruwan sama na dukan bukkar da take ciki, amma muryar na nan da ikonta. Wurin da ya fi tsaya mini a rai shi ne tsakaninta da Pang Laot. Ba maci amana ba ne irin na tatsuniya, wanda kuɗi ya ruɗa. Tausayi ne ya kai shi, ya kasa jure ganin uwar ɗakinsa na mutuwa a tsaye. Ita kuma ba ta ɗauki tausayin nan a bakin komai ba face wulaƙanci. Kana kallo kana ba shi gaskiya, kana ba ta gaskiya, kuma babu inda fim ɗin ya sauƙaƙa maka hukunci. Kafin jaruma ta riƙe irin wannan fitowa sai ta haƙura da son a ce ta yi kyau, har ma da son a ƙaunace ta, domin Dhien ɗin da ta nuna mace ce mai taurin da ke ba da tsoro.

Fim ɗin ya lashe Citra takwas, har da na gwarzon fim, ita kuma ta ɗauki na shida a matsayin gwarzuwar jaruma. A 1989 aka haska shi a bikin Cannes na Faransa, abin da finafinan ƙasar ba su saba samu ba. Mai karatu a Nijar zai ji labarin nan kusa da gida. A shekarar da aka kashe Teuku Umar, 1899, a cikinta Sarauniya Mangu ta tari rundunar Voulet da Chanoine a Lugu. Med Hondo ya yi fim a kanta a 1986, Aï Keïta ta fito a matsayin Sarauniya, ya ɗauki babban kambun FESPACO a 1987. Mata biyu da suka ƙi miƙa wuya ga Turawa a shekara guda, finafinai biyu da shekara biyu kacal ke tsakaninsu. Bambancin da ke damuna shi ne abin da ya biyo baya: a Indonesiya har gobe ana tunawa da nasu, mu kuwa matasa nawa ne a Dogon Dutsi ko Sakkwato suka taɓa ganin namu?

Da a nan labarin Christine ya tsaya, da ya isa a rubuta shi. Amma abin da ya fi nuna ko wace ce ita ya zo ne lokacin da rufin ya rufto. A wajen 1990 Indonesiya na fitar da finafinai sama da 100 a shekara. Kafin ƙarshen shekarun 1990 ana iya ƙirga na kirki da yatsu. Dalilan a bayyane suke. An buɗe tashoshin talabijin masu zaman kansu, RCTI ce ta fara a 1989, suka janye 'yan kallo da ma'aikata zuwa wasannin dogon zango da ake kira sinetron. Shigo da finafinan waje da manyan gidajen silima na rukunin 21 suka taru a hannun Sudwikatmono, ɗan'uwan Shugaba Suharto, finafinan Amurka suka cika allo, na gida suka rasa wurin haskawa. Masu neman tsira suka koma yin finafinan batsa masu arha. Bikin Citra kansa ya tsaya bayan 1992, bai dawo ba sai 2004. Jarumai da yawa suka koma talabijin, wasu suka bar sana'ar.

Ita sai ta zama furodusa. Ta kafa kamfaninta, ta ɗauko Garin Nugroho, darakta matashi a lokacin, suka yi Daun di Atas Bantal, wato ganye a kan matashin kai. Labarin yaran titi ne uku a Yogyakarta, kuma yaran titin gaske ne suka fito a ciki, ba 'ya'yan masu hali da aka sa wa tsumma ba. Ita ta fito a matsayin Asih, mai tallar batik, yadin nan na Java wanda daga gare shi Turawan Holan suka kwaikwayi atamfar da matanmu ke ɗaurawa. Asih ba uwarsu ba ce, ba kuma waliyyiya ba ce. Tana da nata mijin mai ƙwace mata kuɗi, tana da nata gajiyar, wani lokaci ta kore su, wani lokaci ta bar su su kwana a inda take. Yaran uku duk sun mutu kafin fim ya ƙare. Ɗaya a saman jirgin ƙasa, ɗaya a hannun 'yan damfarar inshora da suka yi masa takardun bogi don su ci kuɗin mutuwarsa, na ukun an daɓa masa wuƙa bisa kuskure. Shi na ƙarshen nan har kabari sai da ya gagare shi, domin ba shi da katin shaida, babu unguwar da ta yarda nata ne. Duk wanda ya san yaran da ke kwana a tashoshin motarmu ba ya bukatar a yi masa fassara.

Aikin ya kusa karya ta. Don rage kashe kuɗi aka tara faifan da aka ɗauka aka aika wurin wanki gaba ɗaya, sai a can aka gano kyamarar na da matsala, abin da aka ɗauka bai amfanuwa. Dole aka sake daga farko. Wannan kuma a daidai lokacin da tattalin arzikin ƙasar ke rugujewa, rupiya ta faɗo daga wajen 2,400 a kan dala ɗaya a tsakiyar 1997 zuwa sama da 15,000 a 1998. Ba ta janye ba. A watan Mayun 1998, watan da tarzoma ta ƙone sassan Jakarta har Suharto ya sauka ranar 21 ga wata, a watan ne aka haska fim ɗin a Cannes. A ganina wannan shi ne babban aikinta na biyu, kuma ya fi na farko wuya, domin a Tjoet Nja' Dhien jikinta ta bayar, a nan kuwa har da aljihunta da sunanta.

Daga nan abubuwa suka riƙa zuwa. A 2001 ta fito uwa mai tsananin tsaron 'yarta a Pasir Berbisik na darakta mace Nan Achnas, wanda aka ɗauka a rairayin dutsen Bromo, tare da Dian Sastrowardoyo, yarinyar da ta zama tauraruwar sabon zamani. A 2002 ta zauna cikin alƙalan Cannes ƙarƙashin David Lynch, tare da Sharon Stone da Michelle Yeoh, ita ce mutum ta farko daga Indonesiya da ta hau wannan kujera. Bayan igiyar tsunami ta 26 ga Disamban 2004 ta share gaɓar Aceh, ta koma yankin da ya ba ta babbar rawarta, kamfaninta ya shirya fim ɗin gaskiya mai suna Serambi a kan waɗanda suka tsira. A 2008 UNESCO ta naɗa ta jakadiya.

To, ina Eat Pray Love na 2010 a cikin wannan jeri? Ta fito a matsayin Wayan, mai maganin gargajiya a Bali, bazawara mai 'ya ɗaya, wadda Ba'amurkiyar labarin ta tara mata kuɗin gina gida. Ta yi aikinta da kyau, ba ta iya yin akasin haka ba. Amma an rubuta Wayan ne don ta taimaki baƙuwa ta samu natsuwa, ta kuma ba ta damar yin alheri. Matar da ta ɗauki Cut Nyak Dhien a kafaɗa, a nan ado ce a gefen tafiyar wata. Ban ga laifinta da ta karɓa ba. Aiki ne, kuma ya kai fuskar ƙasarta inda ba ta saba zuwa ba. Laifin na masu gabatar da ita da wannan fim ne, har da wasu 'yan ƙasarta, kamar dai darajar mutum ba ta tabbata sai Bature ya sa hannu. Wannan ciwo ba Indonesiya kaɗai ke fama da shi ba.

Abin da ya fi ba ni sha'awa shi ne shekarunta na baya-bayan nan, domin a nan ne ake gane da tsohuwar zuma ake magani. A Sang Kiai na 2013 ta fito matar Shaihu Hasyim Asy'ari, malamin da ya kafa ƙungiyar Nahdlatul Ulama a 1926, wanda fatawarsa ta jihadi a Oktoban 1945 ta zaburar da almajirai suka tari sojojin ƙawance a Surabaya. A Kartini na 2017 kuma ta yi abin da nake ɗauka darasi ne ga duk mai son wannan sana'a. Kartini, wadda ta rayu daga 1879 zuwa 1904, ita ce 'yar hakimin Jepara da ta yi fafutukar ilimin mata, har ake bikin ranarta duk 21 ga Afrilu. Dian Sastrowardoyo ce Kartini. Christine ta ɗauki Ngasirah, mahaifiyarta, wadda ita ce matar farko amma ba jinin sarauta ba, don haka da mijin zai hau kujera ya auro 'yar sarauta, aka mai da uwar 'ya'yansa ɗakin baya. A fim ɗin za ka gan ta tana tafiyar tsugune a gidan da ta haihu, tana kiran 'ya'yan cikinta da laƙabin da barori ke kiran iyayen gida, su kuma an hana su ce mata uwa. Maganarta kaɗan ce. Da sunkuyar da kai take wasan, da yadda take ɗago ido ta saci kallon 'yarta ta mayar. Ta ɗauki Citra a kan wannan. Bayan shekara biyu Joko Anwar ya ba ta Nyi Misni a Perempuan Tanah Jahanam, muguwar tsohuwa a ƙauyen da ake haihuwar jarirai babu fata, ta firgita jikokin waɗanda suka so ta a 1977, ta sake ɗaukar Citra a 2020. Huɗu daga finafinan da na ambata, Tjoet Nja' Dhien da Daun di Atas Bantal da Sang Kiai da wannan na ƙarshe, su Indonesiya ta aika gasar Oscar a shekarunsu. Tsakanin na farko da na ƙarshe shekara sama da 30 ne.

Na san abin da za a ce. Za a ce ta yi sa'a, ta faɗa hannun Teguh Karya, ba kowace yarinya ke samun haka ba. Gaskiya ne, kuma shi ya sa nake cewa labarinta ba na mutum ɗaya ba ne. Sai da aka samu mai koyarwa, da marubutan da ke ganin labari a rayuwar mace mai shekara 60, da daraktoci matasa da ba sa jin kunyar ɗauko tsohuwa su ɗora ta a tsakiyar fim. Za a kuma ce ita jarumar bukukuwa ce da alƙalai, talakan Indonesiya kuwa Suzzanna ta finafinan fatalwa yake rububin gani, da barkwancin Warkop, da Rhoma Irama mai waƙa. Wannan ma akwai ƙamshin gaskiya, kuma ba na raina waɗannan. Su suka riƙe gidajen silima da kuɗin tikiti. Sai dai kasuwa tana da mantuwa. Ranar da masana'antar ta durƙushe, ba masu cika silima ba ne suka fitar da sunan ƙasar waje, kuma da ta farfaɗo da Petualangan Sherina a 2000 da Ada Apa dengan Cinta? a 2002, matasan da suka farfaɗo da ita sun tarar da ma'aunin da za su gwada kansu da shi domin irin su Christine ba su bari ya faɗi ba. Ƙasa na bukatar masu cika silima, tana kuma bukatar wanda zai nuna iyakar inda sana'ar za ta iya kaiwa.

Ba kuma zan ce kowane fim nata zai dace da falon kowane gida a Kano ko Damagaram ba. Indonesiya ƙasa ce mai mutum sama da miliyan 270, mafi yawansu Musulmi, amma al'adunta ba namu ba ne, kuma su ma suna da hukumar tace finafinai da nasu jayayyar a kan abin da ya halatta a nuna. Abin da ya shafe mu a labarin nan guda ne. A Kannywood rayuwar jaruma gajeriya ce. Tana tashe shekara biyar ko bakwai, ta yi aure ta bari, ko sabuwar fuska ta ture ta. Wadda ta daure ta kai shekarun girma, abin da ke jiranta shi ne zama a kan tabarma ta yi wa ɗa faɗa a kan auren da ba ta so, fitowa biyu ko uku, a sallame ta da abin da bai taka kara ya karya ba. 'Yan shekarun baya an yi ta cece-kuce a kan ɗan abin da ake biyan iyayen nan mata. Ba ƙwarewa suka rasa ba. Wanda ya ga yadda wasunsu ke juya fitowa guda da kallo ɗaya ya san haka. Labarin ne ba a rubuta musu ba. Ga ungozoma, ga mai koko da ta aurar da 'ya'ya bakwai da kuɗin ƙullu, ga uwargidan da aka yi wa amarya bayan shekara 30, ga malama mai makarantar matan aure a zaure, ga jakadiyar gidan sarki da ta san sirrin fada. Kowace a cikinsu ta isa ta riƙe fim daga farko har ƙarshe. A masana'antar da ake sallamar mace ranar da ta fara fahimtar rayuwa, ba za a taɓa ganin abin da jaruma ke iya zama ba, domin irin wasan da Christine ta yi a Kartini ba ya samuwa a shekara 22.

Akwai kuma batun adana aikin. Indonesiya na da ma'ajiyar finafinai, Sinematek, tun 1975, amma ta daɗe tana fama da ƙarancin kuɗi, tsofaffin faifai da dama sun lalace a cikin zafi da danshi. Tjoet Nja' Dhien ya tsira ne domin an gyara shi a ƙasar Holan, aka sake haska shi a gidajen silima na Indonesiya a 2021, matasan da ba a haifa ba a 1988 suka gan shi a babban allo. Mai karatu da ke son sanin wannan mata, kada ya fara da Julia Roberts, kada ma ya fara da kofin shayin HBO. Ya nemi Tjoet Nja' Dhien, in ya gama ya bi da Daun di Atas Bantal, sannan Kartini.